"Zuciya Ce Ta Ɗebe Ni": Ina Gaskiyar Wannan Magana Ta Tsaya?

Jawabin da wani ma'aikacin kiwon lafiya ya gabatar a gaban 'yan kasuwa da ma'aikatan gwamnati a Sarkin Yamma, gundumar Madarunfa, jahar Maraɗi



Sarakuna da hakimai, Allah ya ja zamaninku. Malamai, Allah ya gafarta muku. Wakilan hukuma, alhazai 'yan kasuwa, abokaina ma'aikata, iyayena mata da ƙannena matasa, ina yi muku barka da zuwa, ina kuma gode muku da kuka baro rumfuna da ofisoshi kuka zo sauraren wanda bai fi ku sanin duniya ba.

An nemi in yi magana a kan tambaya guda: mene ne yake sa ɗan Adam ya ɗaga hannu ya sari ɗan'uwansa? Zan fara da abin da idona ya gani. Wata shekara da kaka, aka kawo mana wani magidanci a kan amalanke, an sare shi da adda a kafaɗa, jini ya jiƙe tabarmar da aka shimfiɗa masa. Muna cikin ɗinki sai ga jandarmomi sun iso da wanda ya yi saran. Maƙwabcinsa ne, tare suka yi wasan ƙasa, kuma iyakar gonar da suka yi gardama a kanta ba ta fi taki biyu ba. Mutumin nan ya durƙusa a bakin ƙofa yana kuka kamar yaro, yana ta maimaita magana ɗaya: "Wallahi ban san lokacin da na yi ba, zuciya ce ta ɗebe ni."

Shin gaskiya ya faɗa? Ilimin ƙwaƙwalwa ya nuna cewa akwai gaskiya mai yawa a cikin maganarsa. Amma wannan ilimi ya kuma nuna inda gaskiyar ta tsaya, domin akwai masu aron wannan magana su lulluɓe ta'asar da suka kwana suna shiryawa. Raba waɗannan biyu shi ne abin da ya tsayar da ni gabanku yau.

Bahaushe ya ɗora fushi a kan zuciya. Mukan ce wane ya yi zuciya, zuciyarsa ta tafasa, idonsa ya rufe. Ba mu yi kuskure ba wajen bayyana abin da mutum yake ji, domin a ƙirji ake jin bugun. Sai dai umurnin daga cikin ƙoƙon kai yake saukowa. A can cikin ƙwaƙwalwa, daura da kunnuwa, dama da hagu, akwai wasu 'yan curi guda biyu, kowanne kamar ƙwayar gujiya, masana suna ce musu amigdala. Aikinsu gadi ne. Duk abin da ido ya gani ko kunne ya ji, sukan auna shi da tambaya ɗaya tak: akwai haɗari ko babu? Kuma sukan yanke hukunci cikin ƙasa da daƙiƙa guda, tun mutum bai gama fahimtar abin da ya gani ba. Dalili ke nan da ya sa kakan yi tsalle da dare in ka taka igiya, sai bayan ka dira ka gane ba maciji ba ne.

In mai gadin nan ya yi kururuwa, saƙo yakan tafi wani sashe da ake kira hifotalamus, daga nan jiki ya shiga shirin yaƙi. Wasu ƙananan halittu da ke bisa ƙoda su kwararo sinadarin adirenalin cikin jini, zuciya ta ƙara gudu, jini ya koma damatsa da cinyoyi, baki ya bushe, jin zafin rauni ya ragu. Wani likita ɗan ƙasar Suwizalan, Walter Hess, ya nuna cewa in aka taɓa wani wuri a hifotalamus ɗin kyanwa da ɗan ƙaramin lantarki, kyanwar da ke kwance lafiya sai ta tashi ta baje gashi, ta fito da farce tana huci. Binciken da ya yi a kan wannan sashe ne ya kai shi ga lambar yabo ta Nobel a 1949. Ashe na'urar fushi tana nan a dashe cikin kowane mai rai a cikinmu, limami da ɗan dako, kuma ba don banza aka dasa ta ba, da ita kakanninmu suka tsira daga kura da mahara.

To, me ya hana mu cinye juna? Linzami ne, kuma wurinsa bayan goshi. Ƙwaƙwalwar goshi ita ce mai tuna maka cewa wannan da kake shirin mari surukinka ne, cewa akwai gobe, akwai alƙali, akwai kunya. An fara gane aikinta ta hanyar wani haɗari. A 1848, a jahar Bamont ta Amurka, wani shugaban leburorin hanyar jirgin ƙasa mai suna Phineas Gage yana danna albarushi cikin dutse, sai ya tashi, wani sandan ƙarfe mai tsawon fiye da mita ɗaya ya shiga ta ƙarƙashin kuncinsa na hagu ya fita ta tsakiyar kai. Bai mutu ba, ya rayu har 1860. Amma likitansa John Harlow ya ba da labarin cewa mutumin da aka sani da natsuwa da riƙon amana ya koma mai ashar, marar haƙuri, har waɗanda suka ɗauke shi aiki suka ƙi mayar da shi. Ƙarfen ya lalata masa sashen goshi. Abin lura kuma, daga baya Gage ya yi shekaru yana tuƙin keken dawaki a ƙasar Chile, aikin da ke bukatar haƙuri da kula da mutane. Wato ko linzamin da ya tsinke yana iya samun gyara in an sami aiki da tsari.

Wannan sashe na goshi shi ne na ƙarshen nuna a cikin ƙwaƙwalwa, ba ya kammala girma sai mutum ya kai wajen shekara 25. Mai gadi kuwa tun ƙuruciya a farke yake. Ke nan saurayi ɗan shekara 17 doki ne mai ƙarfi da linzamin zare. Ku haɗa wannan da cewa kusan rabin 'yan Nijar ba su kai shekara 15 ba, za ku gane abin da ke gabanmu, ku kuma gane dalilin da ya sa duk mai neman tayar da fitina, a ko'ina cikin duniya, matasa yake fara nema.

Sannan akwai abubuwan da ke sassauta linzamin. Rashin barci yana yi, giya tana yi, ƙwayoyi irin su tramol da ake sha ba bisa umurnin likita ba suna yi. Amma mafi muni su ne waɗanda ke samun yaro tun ƙwaƙwalwarsa tana ɗanya. A tsibirin Morishiyas an bi yara 1,795 tun suna da shekara 3, aka tarar cewa waɗanda suka nuna alamun tamowa a lokacin sun fi sauran faɗa da taurin kai da suka kai shekara 8, da 11, da 17. An bayyana wannan a 2004. A wannan tsibiri ne kuma aka ɗauki wasu yara tsakanin shekara 3 zuwa 5, aka ba su abinci mai kyau da motsa jiki da karatu, kuma da suka kai shekara 23 aka ga laifin da suke aikatawa bai kai na takwarorinsu ba. Mu mutanen Maraɗi da muka ga 2005, muka ga iyaye mata jere a cibiyoyin tamowa da jarirai a hannu, bai kamata wannan labari ya wuce mu ba. Haka nan gubar dalma, wadda ta kashe yara aƙalla 400 a ƙauyukan haƙar zinariya na Zamfara a 2010: waɗanda suka rayu da ita a jini, ƙwaƙwalwa take ci, kuma bincike a ƙasashe da dama ya danganta ta da raunin kame kai. Tun da haƙar zinariya ta iso gundumarmu ta wajen Ɗan Isa, wajibi ne a hana daka dutse da niƙa shi a cikin gida inda yara suke rarrafe.

Na san wani zai ce a ransa: ai hali zanen dutse ne, barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe, faɗa a jini yake. Bari mu duba. A 1993 wani likita a ƙasar Holan, Han Brunner, ya ba da labarin wani dangi da mazansu da yawa suke da saurin kai duka, aka gano cewa wata ƙwayar gado mai suna MAOA ta lalace a jikinsu baki ɗaya. Irin wannan lalacewa ba safai ake samun ta ba, amma jaridu suka yi ta yayata cewa an gano ƙwayar mugunta. Sai a 2002 aka fito da sakamakon wani dogon bincike daga garin Dunedin na ƙasar Niyuzilan, inda aka bi yara fiye da dubu tun daga haihuwarsu a 1972 da 1973. Kimanin kashi ɗaya cikin uku na mazan suna ɗauke da nau'in wannan ƙwaya mai rauni. Waɗanda suka tashi cikin kulawa, ba a ga wani bambanci tsakaninsu da sauran jama'a ba. Waɗanda suka haɗa ƙwayar mai rauni da azaba da wulaƙanci a ƙuruciya, su ne suka fi faɗawa cikin laifin duka da jikkata mutane. Gado iri ne, amma sai ya sami ƙasar da zai tsiro. Uban da ke jibgar ɗansa kamar jaki da sunan tarbiyya, shi ne yake yi wa irin ban ruwa.

Babu kuma wata ƙwayar gado da ta raba ƙabilu gida biyu, masu faɗa da masu haƙuri. Tarihinmu ma ya ishe mu shaida. Katsinawan da suka baro Birnin Katsina bayan jihadi, a farkon ƙarni na 19, su suka kafa sarautar Maraɗi, kuma aka yi shekaru da dama, har zamanin Ɗan Baskore da bayansa, ana kai wa juna hari tsakanin nan da can. Yau jikokin waɗancan mayaƙa suna auratayya, suna ba juna bashin kaya tsakanin Maraɗi da Jibiya da Katsina ba tare da takarda ba. Jinin bai sake ba, zaman ne ya sake.

Gaskiya ne cewa a duniya, cikin masu kisan kai 10, kimanin 9 maza ne, kuma sinadarin maza da ake kira testosteron yana da hannu a ciki. Amma abin da bincike ya fi nunawa shi ne, sinadarin yana tura namiji neman girma a idon jama'a. Inda ake samun girma da adda, zai nemi adda. Inda ake samun girma da kyauta, da ilimi, da iya sulhu, can zai nufa. Jama'a ce ke zaɓar wanda za ta yi wa kirari.

Duk abin da na faɗa zuwa nan ya shafi fushi mai zafi, irin na maƙwabcin nan mai kuka. Yanzu ku ba ni dama in taɓa wani miki na jaharmu. A watan Oktoba na 1991, daidai lokacin da wakilan ƙasa suke Yamai a zauren Taron Ƙasa suna shata mana hanyar demokaraɗiyya, rikicin manoma da makiyaya ya ɓarke a Toda, cikin yankin Gidan Runji. Mutum fiye da ɗari suka hallaka, akasarinsu mata da yara na makiyaya. Ban kawo wannan don in tayar da tsohon ciwo ba, kuma ban zo shari'a ba. Tambaya ce nake so mu yi wa kanmu. Kururuwar amigdala ta daƙiƙoƙi ce, tafasar adirenalin ta mintoci ce. Sara na farko, a bakin gona, mai yiwuwa zuciya ce. Amma kafin a kashe mutum ɗari sai an yi kira, an taru, an ɗauko makamai, an yi tafiya, an wuce gidaje da rijiyoyi da masallatai. A cikin wannan tazara kowace ƙwaƙwalwar goshi ta sami lokacin farkawa. Me ya sa ba ta ja linzami ba?

Masana, cikinsu har da Richard Wrangham na jami'ar Harvard, sun raba tashin hankali gida biyu: mai zafi, wanda ke tashi nan take saboda tsoro ko tsokana, da mai sanyi, wanda ake shiryawa don cim ma wata bukata. In aka gwada mu da birai mafi kusa da mu a halitta, ɗan Adam yana da ƙarancin na farko ƙwarai. Ku dubi kasuwar Maraɗi ranar da ta cika, dubban mutane suna gogayya, ana taka juna, ana gardamar farashi, a watse ba wanda ya zubar da jini. Amma a na biyu babu halittar da ta kamo mu. A cikin ta'asa mai sanyi ƙwaƙwalwar goshi ba barci take yi ba, ita ce ma take tsara aikin. Masu satar shanu da garkuwa da mutane da suka addabi ƙauyukan bakin iyakarmu tun wajen 2018, waɗanda ta'asarsu a Zamfara da Sakkwato da Katsina ta koro dubun dubatar 'yan gudun hijira zuwa jahar Maraɗi a 2019, ba zuciya ce ta ɗebe su ba. Suna da masu leƙen asiri, suna da masu kai musu mai da abinci, suna ciniki ta waya cikin natsuwa kamar dillalai. Wannan lissafi ne, kuma maganin lissafi shi ne a sa ribar ta koma hasara.

Gadar da ke haɗa fushi mai zafi da ta'asa mai sanyi kuwa, magana ce. Ƙwaƙwalwa tana da saurin raba mutane, namu da nasu, kuma takan rage jin tausayin wanda aka sa mata a layin nasu. Mai son fitina ya san haka ko bai taɓa shiga lakwal ba. Zai ce maka an kashe naku, suna nan tafe, ba mutane ba ne. A Ruwanda a 1994, sai da wani gidan rediyo ya daɗe yana kiran 'yan Tutsi kyankyasai, sannan aka kashe mutum wajen 800,000 cikin kwana 100. Mu ma mun ji irin kalaman da aka riƙa jifan juna da su a lokutan kamfe tun daga zaɓen 1993, kuma yau wayar da ke aljihun kowa tana isar da jita-jita daga Gabi zuwa Safo kafin mai gari ya sa takalmi. Wanda ya hura wutar yana zaune a inuwa da hankalinsa cikakke, yana aron amigdalar 'ya'yan talakawa. In an tashi hukunci, kada a tsaya kan yaron da ya riƙe adda a manta da shi.

Kada kowa ya fita daga nan yana cewa tun da abin a halitta yake, sai haƙuri. Wani masani Ba'amurke, Robert Sapolsky, ya yi shekaru yana nazarin wani garken bika a Kenya. A shekarun 1980 tarin fuka ya kashe mazan garken mafi mugunta, domin su ne suke iya ƙwatar gurɓataccen nama a jujin wani masaukin baƙi. Garken ya koma mai zaman lafiya. Abin mamaki, bayan shekaru, baƙin mazan da suka shigo daga wasu garkuna sai suka ɗauki halin da suka tarar. In biri zai iya koyon zaman lafiya daga waɗanda ya iske, ina ga ɗan Adam? A 1986 masana daga ƙasashe daban-daban suka taru a birnin Sebil na Sipaniya suka bayyana cewa kimiyya ba ta goyi bayan masu cewa yaƙi gadonmu ne da ba makawa ba, kuma hukumar UNESCO ta amince da wannan sanarwa a 1989.

To, mene ne namu a ciki? Maganin fushi mai zafi lokaci ne. Malamanmu sun daɗe suna koya mana cewa mai fushi ya yi shiru, in yana tsaye ya zauna, ya yi alwala, kuma likita ba shi da abin da zai ƙara a kan haka, domin mintocin nan ne suke ba ƙwaƙwalwar goshi damar karɓe ragama. Abin da alwala take yi wa mutum ɗaya, shi hukuma take yi wa gari. Dokar tsarin karkara ta 2 ga Maris 1993, wadda ta zo bayan Toda, ta tanadi kwamitocin kula da filaye, ta kuma ba sarakunan gargajiya hurumin sulhu kafin a je gaban alƙali. Ya ku abokaina ma'aikata, burtalin da aka shata aka kafa masa alama, ranar sakin gonaki da aka sanar a kan lokaci, kuɗin ɓarna da aka ƙiyasta bisa adalci, su ne linzamin jama'a. Mutumin da ya tabbata za a saurare shi gobe yana iya kwana da fushinsa. Wanda ya san sai ya ba da goro kafin a buɗe takardarsa, ya kuma san abokin gardamarsa ya fi shi abin bayarwa, kun tura shi ga adda.

Alhazai 'yan kasuwa, ku ma kuna da rabonku. Ƙwayar da ke gusar da hankalin yaranmu ba daga sama take faɗowa ba, a cikin kaya take shigowa. Sa da aka sato ba ya zama kuɗi sai an sami mai saye, kuma duk wanda aka kawo wa saniya a rabin kuɗinta da tsakar dare ya san abin da yake saye. Buhun gero ko na wake da kuka kai cibiyar tamowa, da yaron da kuka ɗauka kuka koya wa ciniki, tsaron dukiyarku ne na shekara 20 masu zuwa.

Iyaye, icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, amma tanƙwarawa daban, karyawa daban. Mu kuma riƙe abin da muka gada. Wasan barkwanci tsakanin Bafillace da Babarbare, ko Bagobiri da Bazabarme, wanda UNESCO ta sa cikin gadon al'adun duniya da sunan Nijar a 2014, dabara ce ta mayar da baƙar magana abin dariya tun ba ta kai ga mai gadi ba. Kokowa, wadda ake gasar takobinta ta ƙasa tun 1975, fili ce da saurayi zai nuna ƙarfinsa a ƙarƙashin doka, a kayar da shi ya tashi ya rungumi wanda ya kayar da shi.

Mutumin da na ba ku labarinsa da farko an ɗaure shi, kuma daidai ne, domin ilimin ƙwaƙwalwa yana bayyana dalili ne, ba ya wanke laifi. Wanda aka sara ya rayu, amma hannunsa bai ƙara riƙe hauya ba. Daga baya na sami labarin cewa shekara uku suna kai ƙarar iyakar nan, ana ce musu su dawo bayan kaka, ba a sami wanda ya taka zuwa gonar ya kafa turke ba. Zuciya ta ɗebe shi cikin daƙiƙa guda, amma shekara uku aka ba mu mu hana, ba mu hana ba. Ina roƙon kowane ma'aikaci da ke nan, in ya koma ofis gobe, ya duba ko akwai irin wannan takarda a kan teburinsa.

Allah ya ba mu ikon mallakar zukatanmu, ya jiƙan waɗanda suka riga mu, ya zaunar da ƙasarmu da maƙwabtanmu lafiya.